Wa Ya Kori Ɗanjuma Daga Gidan Suna?

Bara waccan aka yi sunan jikan wani maƙwabcina. Ranar Juma'a aka haifi yaron, aka raɗa masa Muhammadu, sunan kakansa na wajen uba. Tun da mai jego ba za ta iya buɗe baki ta ambaci sunan surukinta ba, dole a nemo lakabi. Kakar yaron ta ce ai magana ta ƙare, Ɗanjuma ne. Matata, wadda ke cikin gidan, ta ce nan take mai jego ta haɗe rai, wai ɗanta ba zai shiga makaranta da sunan ƙauye ba, ta riga ta zaɓo Aryan a waya. Aka tambayi ma'anarsa, ta ce na Larabci ne. Alhali asalin kalmar daga harsunan Indiya da Farisa na dā take.

Ban ga laifin aro ba. Sunan yankan Bahaushe kusan duk aro ne, kuma bakinmu ya sarrafa shi har ya zama namu: Abdullahi ya koma Audu, Ibrahim ya koma Iro, Maryam ta zama Mairo, Muhammadu ya zama Mamman, kamar yadda Baturke ya mayar da shi Mehmet, mutumin Senegal ya ce Mamadu. Abin da ke damuna shi ne gurbi na biyu, gurbin lakabi, wanda a dā nan ne Hausa ke sakewa ta faɗi abin da ta sani game da yaro. Yanzu shi ma mun miƙa shi ga Amir da Afnan da Hanan, muka bar harshenmu a bakin zaure.

Wannan gurbi kuwa shi ne takardar haihuwarmu tun kafin a san rajista. Ka ji Ladi ko Ɗanladi, ka san Lahadi ce. Tani da Tanimu na Litinin ne, Larai da Balarabe na Laraba, Lami ta Alhamis, Asabe ta Asabar. Azumi ta zo a watan Ramalana. Tanko namiji ne da ya biyo bayan mata, Kande mace ce bayan maza, Gambo shi ke bin tagwaye, Auta ya rufe ƙofa. Cindo ya zo da yatsa shida, Shekarau ya daɗe a ciki, Talle ya tashi ba uwa. Kalma guda, amma tsohuwa na jin ta za ta karanta maka rabin tarihin gidan.

Kuma ba mu kaɗai muka yi wannan dabara ba. 'Yan ƙabilar Akan na Ghana suna kiran namijin Juma'a Kofi, na Asabar Kwame. An haifi Kofi Annan ranar 8 ga Afrilu 1938, Juma'a ce, sunansa na tsakiya Atta kuma yana nufin ɗan tagwaye. Wato Ɗanjuma ne ya shugabanci Majalisar Ɗinkin Duniya daga 1997 zuwa 2006, bai kuwa ɓoye sunan a aljihu ba. Yarabawa na da Taiwo da Kehinde na tagwaye, Idowu shi ne Gambonsu. Rumawan dā suna da Quintus da Sextus, na biyar da na shida, daidai da Hamisu da Sadisu ɗinmu. Har maƙwabta sun ari namu: dubi Janar Theophilus Yakubu Danjuma, Bajukune daga Takum, mai ɗauke da sunan Girkanci, da na Annabi Yaƙubu, da na ranar Bahaushe, duk a kai ɗaya.

Masu cewa sunan Larabci ne kaɗai ya dace da Musulmi, ina girmama niyyarsu, sai dai nahawun da suka karanta a zaure bai goyi bayansu ba. Ibrahim da Isma'il da Ishaƙ da Yusuf, malaman nahawu sun lissafa su cikin sunayen ajami, shi ya sa ba sa ɗaukar tanwini. Na Larabawan kansu kuma kalmomin yau da kullum ne irin namu. Bakar saurayin raƙumi ne, Usama zaki, Faɗima daga yaye take, Khadija kuwa jaririyar da ta zo kafin watanninta su cika, abin da mu muke kira bakwaini. Mutanen da suka ɗauki sunayen ne suka ba su daraja. Abin da aka ruwaito Annabi (SAW) yana canzawa shi ne suna mai mummunar ma'ana, kamar yadda ya mayar da Asiya mai nufin saɓo (ba irin sunan matar Fir'auna ba) ta zama Jamila, ko mai yabon kai kamar Barra.

Da wannan ma'auni, akwai namu da ya kamata su huta. Ajuji da Ayashe sun fito ne daga camfin wabi, inda uwar da 'ya'yanta ke mutuwa take nuna kamar ba ta son jaririn don mutuwa ta ƙyale shi. Akwai tausayi a ciki, amma ba zan ɗora wa ɗiyata sunan juji ba. Sai dai mene ne aibin Jummai? Wane saɓo ke cikin Auta? Mutanen Kaduna sun zaɓi Balarabe gwamna a 1979, Kanawa suka zaɓi Shekarau a 2003, ban ji wanda ya ce sunan ya yi ƙauyanci a kan takardar ƙuri'a ba.

Gaskiyar ita ce kunya muke ji, kunyar kada a ce mun fito daga karkara, sai muka lulluɓe ta da rigar addini ko ta wayewa. Wanda yake son Afnan don ya san rassan itatuwan Aljanna ne a Suratur Rahman, Allah ya raya. Wanda ya ɗauko suna don kawai ya yi daɗi a kunne, ya tambayi malami tukuna, ya kuma tambayi kakar yaron ko tana da nata.

Yaron maƙwabcin nawa yanzu yana tafiya da ƙafarsa. A katin rigakafi Muhammad aka rubuta, uwarsa na kiran Aryan, kakarsa kuwa ba ta taɓa sauka daga Ɗanjuma ba. Duka ukun yana amsawa, amma ya fi saurin zuwa wajen tsohuwar, don ita ce mai ƙuli-ƙuli a gefen zane.