Yuraniyom na Arlit, hasken Faransa

A nan Liyon inda nake zaune, sai mutum ya shekara bai ga an ɗauke wuta ba. Kusan kashi biyu cikin uku na lantarkin Faransa daga tashoshin nukiliya yake fitowa, kuma ɗaya daga cikinsu, Bugey, tana nan kusa da mu a bakin kogin Rhône. Mu kuwa a Nijar, da ake haƙar yuraniyom a Arlit tun 1971, yawancin ƙauyukanmu da cocila ake kwana. Yamai ma wutar Najeriya take sha, shi ya sa da aka yanke layin a 2023 kowa ya ji a jikinsa.

Na yi murna da gwamnati ta karɓe kamfanin Somair, mai haƙar yuraniyom a Arlit, a 2025. Amma 'yan'uwa, kada mu ɗauka an gama. Abin da ke fita daga Arlit gari ne rawaya a cikin durom, ba ya kunna ko ƙwan fitila ɗaya. A yuraniyom ɗin da ake tonowa, nau'in da ƙwayarsa ke tsagewa ta ba da zafi, wato mai lamba 235, bai wuce kashi 0.7 cikin ɗari ba, tasha kuma tana buƙatar kashi 3 zuwa 5. Shekara da shekaru an yi ta bi da garin ta Kwatano zuwa masana'antar Malvési a Faransa a tace shi, a kai shi ta Tricastin a mayar da shi iskar gas, a juya shi cikin injuna har kason mai lamba 235 ya ƙaru, sannan a dunƙule shi ƙanana a jera cikin sanduna. Riba da ilimi da aikin yi duk a waɗannan matakai suke, kuma babu ko ɗaya a ƙasarmu. Tamkar manomin gyaɗa ne da bai taɓa ganin matsar mai ba.

Ban ce mu gina tashar nukiliya gobe ba, layukan wutarmu ba za su ɗauke ta ba. Ina so dai kuɗin yuraniyom ya tafi ga gama madatsar Kandaji, da wutar hasken rana, da tura yaranmu karatun kimiyyar ma'adinai.

Sai kuma Akokan, garin da ke kusa da Arlit. An rufe mahaƙar Cominak a 2021, an bar miliyoyin tan na tarkace mai tururin guba kusa da gidajen mutane da ruwan shansu. Duk wanda za a sayar wa yuraniyom nan gaba, Bafaranshe ne ko Barashe ko ɗan Sin, a fara rubuta wannan sharaɗi a yarjejeniya: wa zai binne tarkacen, wa zai biya asibitin tsofaffin ma'aikata.