Masu shiga tawaga a PUBG Mobile, ga inda kuke kashe junanku

Jama'a masu buga PUBG Mobile, ku matso mu yi maganar tawaga. Tun da gem ɗin nan na harbe-harbe ya sauka a wayoyi a watan Maris na 2018, ƙorafi ɗaya ne ba ya barin bakin masu bugawa: "An haɗa ni da waɗanda ba su iya ba." Duk wanda ka tambaya shi ne gwani, sauran ukun ne matsala. To in kowa gwani ne, su wane ne ukun nan da ake ta kuka da su? Laifi tudu ne, ka taka naka ka hango na wani.

Ra'ayina a nan shi ne, yawancin tawagogin da ake sharewa tun kafin da'ira ta uku (da'irar nan da ke ta ƙanƙance filin wasa, wanda ke wajenta jininsa na raguwa), su suka kashe kansu. Mutum huɗu sun hau jirgi ɗaya, sun sauka a taswira ɗaya, amma kowa wasansa yake bugawa. A taswirar Erangel mutum 100 ake zubawa, kusan tawaga 25 ke nan, a fili mai kilomita 8 tsawo da 8 faɗi. Duk iya harbinka, in mutum huɗu masu magana da juna suka zagaye ka kai kaɗai, sai dai a zo a kwashi kayanka a akwatin da gawarka ta bari.

Ɓarnar tana farawa ne tun kafin a danna fara wasa. In kun cika huɗu, madalla. In ku uku ne ko biyu, sai ku yanke shawara kan maɓallin nan da ke cike muku gurbi da baƙo. In kun bar shi a kunne, za a iya ba ku wanda ba ya jin yarenku, ko wanda ya rufe lasifika gaba ɗaya, ko yaron da aka ara wa waya. Ba haramun ba ne, kuma ana dacewa da na kirki, amma ku sani ku uku ne da rabi. Sau da yawa uku da suka saba da juna sun fi huɗun da ɗayansu ya nufi gabas shi kaɗai. Haka kuma in ɗayanku da kwamfuta yake bugawa ta manhajar da ke kwaikwayon waya, to ya ja muku: gem ɗin zai kai ku cikin masu irin na'urarsa, masu linzami da allon rubutu, ku kuma da manyan yatsu biyu a kan gilashi. Ku tambayi juna tun da wuri.

Sai lambar nan ta fing da ke ɗan lungun allo. Lokacin da saƙo ke ɗauka ne daga wayarka zuwa sabar, wato babbar kwamfutar da ke gudanar da wasan, ya dawo, ana auna shi da kashi ɗaya cikin dubu na daƙiƙa. Mai 60 da mai 250 ba duniya ɗaya suke gani ba. Mai 250 zai rantse ya shige bayan bango kafin a harbe shi, kuma a allonsa gaskiya ya faɗa, amma a wurin sabar yana tsaye a fili. Wanda lambarsa ta yi ja a ranar, kada a sa shi gaba wajen kutsawa gida, kuma kada a ba shi tuƙi. A ba shi gadin baya, ko bindigar nesa inda jinkirin ƙiftawar ido bai cika kisa ba. Wani abin da ake mantawa: a layuka da yawa, kira na shigowa netwok ke sauka daga 4G, sai ka ga mutum ya daskare a tsakiyar faɗa. Mai wayar da ba ta hutawa da kira gara ya jawo intanet daga wata na'urar. Zafi ma haka. A bazara, waya a cikin kwanso, tana caji, an ɗaga zane zuwa ƙololuwa, dole ta rage gudu don kada ta ƙone. A cire kwanson, a sauke zanen zuwa mafi sauƙi, a ɗaga yawan hotunan da allo ke nunawa a daƙiƙa. Kyawun ciyawa bai taɓa ba kowa nasara ba.

Lokaci kuma: wasan Erangel da aka kai ƙarshensa yana cin kusan rabin awa. In saura minti goma a kira salla, ko kana jiran aike daga gida, kada ka shiga. Ficewa a tsakiya zalunci ne ga mutum uku. In lokacin ya ƙure, ga ƙaramar taswirar Livik nan, mutum 52, kusan minti 15 an gama.

To an hau jirgi. Mutum ɗaya ne zai zaɓi wurin sauka, ya sa alama a taswira, sauran su yi masa folo, wato su danna maɓallin da ke sa su bi shi wajen dira. Amma folo ɗin nan yana da tarko. In kun bi shi har ƙasa, ku huɗu za ku dira a rufin gida ɗaya, ku tarar da bindiga ɗaya da kasko, ku kama wawaso. Ku sake shi tun kuna sama, da lema ta buɗe, kowa ya nufi gidansa a cikin unguwa ɗaya. Ma'aunin tazarar shi ne, in an harbi ɗan'uwanka ka iya isa gare shi da gudu cikin daƙiƙa goma zuwa goma sha biyar. In ya wuce haka, sunan tawaga kawai kuke da shi. Kuma tun kuna sama ɗaya ya juya kyamara ya ƙirga lemomin da ke sauka kusa, ya faɗa: tawaga ɗaya ce ko biyu, kuma ta wane gefe.

A Erangel, Pochinki, School, sansanin soja na Sosnovka da kwantenonin Georgopol wurare ne na masu neman faɗa tun daga minti na farko. Tawagar da ba ta saba da juna ba, ba ta da abin yi a can. Ku nemi ƙananan gidaje a gefen hanyar jirgi, inda akwai titi da mota, ku shirya a tsanake. Masu cewa wannan tsoro ne, a bar su su sauka Pochinki sau goma su ƙirga sau nawa suka fita da mutum huɗu.

Wajen kwasar kaya ake gane halin mutum. Akwai mai hular kwano mataki na 2 a kansa, ya ga wata mataki na 2, ya tsaya a kanta yana tunani alhali ɗan'uwansa kai ba komai. Akwai mai madubin hange mai ninki 4 da mai ninki 6 da mai ninki 8 duk a jaka, abokinsa na riƙe da bindigar nesa Kar98k ba madubi. Wannan asara ce ga kowa har shi mai rowar. Madubin nesa na mai bindigar nesa ne. Hula mataki na 3 ta fi dacewa da wanda zai riƙa leƙo da kai yana musayar wuta daga nesa, domin tana ɗaukar harbin Kar98k guda ɗaya a ka ba a faɗi ba, ko da yake bindigar AWM, wadda ta fi ta ƙarfi, ba ta san da wannan ba. Harsashi kuma a raba iri. M416 da SCAR-L suna cin 5.56, AKM da M762 da Kar98k suna cin 7.62. In ku huɗu duk kuka rungumi M416, za ku cinye 5.56 na unguwar, ku bar tulin 7.62 a ƙasa. Mutum ba ya buƙatar harsashi 400 a jaka. Kusan 150 zuwa 200 na babbar bindigarsa sun isa, sauran wurin a cika shi da magani da gurnetin hayaƙi. Kowa ya riƙe hayaƙi uku aƙalla. Za ku ga dalili.

Magana ita ce rabin wasan, kuma a nan aka fi yin shirme. "Ga shi nan! Ga shi nan!" Ina? Kai kaɗai kake ganin allonka. Saman allo akwai kamfas: arewa 0, gabas 90, kudu 180, yamma 270. Kira mai amfani yana ɗauke da abu uku: lamba, alama, da nisa. "Mutum biyu, 210, bayan jan gida, kusan mita ɗari." An gama, ka yi shiru. Sai dai a lura, lambar kamfas daga inda kake tsaye take aiki. In abokinka yana can nesa da kai ta gefe, 210 ɗinka ba 210 ɗinsa ba ne, musamman in abokin gaban yana kusa. A irin wannan hali ka ɗora alama a kan wurin, kowa zai gan ta a allonsa da launinka da nisanta. In ka harbi mutum ka faɗa ko ya faɗi yana rarrafe ne ko ya mutu. Bambancin babba ne: wanda ya zama akwati nan take ba tare da rarrafe ba, shi ne na ƙarshe a tawagarsa. Wanda ya rarrafa kuwa, 'yan'uwansa na nan kusa, kuma yana gaya musu inda kake.

Shiru ma aiki ne. Sawun ƙafa da kunne ake kama shi, shi ya sa iyafis ya zama dole. Mai buɗaɗɗen mayik kusa da janareta, ko a majalisa ana musun ƙwallo, ya toshe kunnen mutum uku. Ka rufe, ka buɗe in za ka yi magana. Ka kuma duba ko a kan tawaga ka saita muryar, domin in a kan kowa da kowa take, abokan gaban da ke kusa suna jin duk shirinku.

Yanzu ga wurin da tawagogi suka fi mutuwa a jere: tayar da wanda aka kayar. Ɗan'uwa ya faɗi a fili, yana ihu a zo a ɗaga shi. Na biyu ya ruga, ya durƙusa a kansa. Wanda ya kayar da na farkon bai matsa ko'ina ba, madubinsa na kan wurin, jira yake. Ya kayar da na biyu. Na uku ya taho. Cikin rabin minti an share gida. Tayarwa tana cin daƙiƙa 10 cur, kana durƙushe ba ka harbi, kuma wanda aka tayar yana tashi ne da ɗan jini kaɗan, sai ya ƙara wasu daƙiƙa shida yana ɗaura kunshin agajin farko, wanda shi ma iyakarsa kashi 75 cikin ɗari. Lissafa ka gani, daƙiƙa goma mutum biyu ba sa cikin faɗa, wanda aka tayar kuwa sai ya kai daƙiƙa goma sha shida.

Saboda haka tsarin shi ne: wanda ya faɗi ya daina ihu, ya faɗi inda aka harbe shi, ya rarrafa zuwa bayan dutse ko bishiya ko bango, ta ɓangaren 'yan'uwansa. A jefa hayaƙi tsakaninsa da mai harbin, ba a kansa daidai ba, kuma biyu sun fi ɗaya, domin hayaƙi ɗaya a fili sanarwa ce cewa ga inda ake tayarwa, sai a watsa masa harsashi ko gurneti. A jira ya turnuƙe. Mutum ɗaya ya tayar, sauran biyun bindiga a sama suna danne mai harbin. In wurin ya yi muni, ana iya goya wanda ya faɗi a kai shi maɓoya, sai dai mai goyon ba ya harbi kuma ba ya sauri. In kuwa abokin gaba yana cikin gida ɗaya da ku, ana jin sawunsa a bene, to a gama da shi tukuna. Wanda aka kayar karon farko yana da sauran lokaci. A karo na biyu da na uku ne jini ke zuba da sauri. Wanda ya ga ba zai tashi ba, ko shuɗin da'ira ya riga ya cim masa, ya ce a tafi. Faɗin haka ba ƙaramin taimako ba ne.

Bayan an ci faɗa kuma, kada ku huɗu ku durƙusa kan akwatuna. Ƙarar harbinku ta kira duk tawagar da ke kusa, kuma sun san jininku ya ragu. Biyu su kwasa, biyu su yi gadi, a fara da magani da harsashi da sauya sulken da ya fashe, a bar wurin.

Mota: UAZ da Dacia kowacce na ɗaukar huɗu, amma ƙwai huɗu ne a kwando ɗaya. In an samu biyu, a rabu biyu-biyu. Gadoji biyun da suka haɗa tsibirin Sosnovka da sauran Erangel sanannun wuraren kwanton ɓauna ne, in da'ira ta faɗa can a ƙetare da wuri ko a nemi jirgin ruwa. Direba ya faɗa kafin ya tsaya, kada kowa ya diro mota na gudu. Harsashinka ba ya cin ɗan tawagarku, amma gurnetinka da kwalbar wuta da mota suna ci. Ka ce "gurneti" kafin ka jefa. Mai kashe nasa, ko da wasa ne, in aka kai ƙararsa makin ɗa'arsa ke raguwa daga 100, in ya sauka ƙasa da 60 kuwa an hana shi wasan biyu da na huɗu, sai ya koma buga shi kaɗai har makin ya farfaɗo.

Wata 'yar magana a gefe. Baƙon da kuka yi wasa biyu da shi ya fara cewa ka ba shi bayanan shiga asusunka zai zuba maka UC, kuɗin cikin gem ɗin, ɓarawo ne, ka toshe shi. Masu jin muryar mace a tawaga su manta da wasan su koma neman lamba, ku ji kunya, wasa ta zo yi. Zagin iyaye don an kayar da mutum kuwa, ban ga wanda ya ƙara iya harbi saboda an zage shi ba.

Wanda ya riga ya mutu yana kallon sauran, aikinsa bai ƙare ba, amma ba shi ne koci ba. Ya riƙa duba lokacin da'ira da taswira, ya faɗi abin da mai wasan bai lura da shi ba a gefen allo, a taƙaice, sau ɗaya. In an shiga da'irar ƙarshe, saura mutum ɗaya yana kwance cikin ciyawa yana sauraron sawu, ku ukun ku rufe mayik.