Kafin ku raina fim ɗin gida, ku ji labarin Dolores del Río

Ƙannena masu burin shiga harkar fim, akwai maganar da na gaji da ji a bakinku, wai mutum bai cika jarumi ba sai an san shi a waje, wai wasa da harshen gida ƙauyanci ne. To ku ba ni aron kunnuwanku.

An haifi Dolores del Río a Durango ta ƙasar Meziko a 1904, 'yar gidan masu hali. A 1925 wani darakta Ba'amurke, Edwin Carewe, ya ga kyanta ya ja ta Hollywood, zamanin da fim bai fara magana ba. Ta yi tashe ƙwarai. Amma ku dubi rawar da suka riƙa ba ta: yau Bafaranshiya, gobe 'yar Rasha, jibi 'yar wani tsibiri a tekun Fasifik. Baƙuwar fuska suke saye, mai jawo 'yan kallo. A fim ɗin Flying Down to Rio na 1933 sunanta ne a sama, amma jama'a suka fito daga silima suna zancen rawar da abokan wasanta Fred Astaire da Ginger Rogers suka taka. Kafin 1940 kasuwarta ta yi sanyi.

Ta koma gida tana dab da shekara 40, shekarun da masu shirya fim ke fara kau da kai daga mace. A 1943 darakta Emilio Fernández ya sa ta a fim ɗin María Candelaria. Matar da ta saba da siliki da lu'ulu'u ta yarda ta tsaya ba takalmi, gashi a kitse, ta yafa mayafin talakawa, tana tuƙa kwalekwale cike da furanni a magudanan ruwan Xochimilco da ke kudancin birnin Meziko, tana magana da Sifaniyancin da ta tashi da shi. Wannan fim ɗin yana cikin waɗanda suka samu babbar kyauta a bikin Cannes na Faransa a 1946.

Ku lura, ba hana ku fita nake yi ba, ai ita ma a can ta koyi tsayuwa gaban kyamara. Abin da nake ja muku kunne a kai shi ne dogaro da kyau da yawan mabiya a TikTok, alhali ba ku iya haddace shafi biyu na rubutun fim ba, kuma kuna ƙyamar fitowa a matsayin mai talla ko 'yar aiki don kada kwalliya ta ɓaci. Ku zauna da masu rubutu, ku saurari darakta, ku gyara Hausarku.

A 1954 Amurka ta hana ta biza bisa zargin tana tare da 'yan gurguzu, duk da shekarun da ta yi tana yi musu aiki. Da ba ta gyara zamanta a gida ba, ina za ta nufa? Ta ci gaba da aikinta a Meziko, sai a 1960 Hollywood ta sake nemanta, ta fito a matsayin mahaifiyar shahararren mawaƙi Elvis Presley a wani fim.