Wai sabon abu ne a Damagaram?

Na karanta wani rubutu kan aikin wani yaro ɗan wasan kwaikwayo. Ni dai ban yarda da inda marubucin ya ce haɗa wasan kwaikwayo da zane da wayar da kan jama'a sabon abu ne da wannan ɗan wasan ya koyo a Faransa ba. To wasan kara fa? Nan Damagaram tun muna yara muke ganin samari suna kwaikwayon manya da shugabanni, tafiyarsu da maganarsu har yadda suke gyara hula, mutane na dariya amma saƙon ya shiga. Zane kuma ka shiga tsohuwar unguwar Birni ka dubi fuskar tsofaffin gidaje kawai, magina ne suka yi da hannu. 'Yan wasan kwaikwayo irin su Yazi Dogo ma shekara nawa suka yi suna faɗakarwa a rediyo da tele. Aikin yaron na da kyau wallahi, ina sonshi, abin da ke damuna shi ne ana nuna shi cikin zaure da faransanci, matasan unguwar Kara-Kara da yake magana a kansu ko labari ba su da shi. Kai mai cewa wasa ba sana'a ba ne, ka taɓa ganin gumin da suke sha kafin su fito fili? Yaushe za a kawo shi cikin kartiye da hausa?