Wanda aka tilasta wa zaɓi, a wuyan wa alhakin yake?

Ranar 4 ga Satumba 1942, Chaim Rumkowski, shugaban majalisar Yahudawa a unguwar da 'yan Nazi suka killace a birnin Lodz na Poland, ya roƙi jama'arsa su miƙa yara 'yan ƙasa da shekara 10 da tsofaffin da suka haura 65. Lissafinsa shi ne a ba da wasu, sauran su tsira. Cikin mako guda aka kwashe kusan mutum 15,000 zuwa sansanin kisa na Chelmno. Takwaransa na Warsaw, Adam Czerniakow, da aka umarce shi ya riƙa miƙa mutum 6,000 kullum, ya kashe kansa ranar 23 ga Yulin shekarar. Kwasar ba ta tsaya ba. Shi ma Rumkowski a sansanin kisa na Auschwitz ya ƙare a 1944.

Masu saurin hukunci kan tambayi wanne ya yi daidai. A ganina tambayar ta karkace tun daga tushe. Wanda ya toshe duk ƙofofi ya bar biyu, kowacce mutuwa ce a bayanta, shi ke ɗauke da kaso mafi nauyi na alhaki. Makircin ma ke nan: a sa wanda ake zalunta ya sa hannu, ya rayu yana ganin kansa abokin tarayya.

Amma tilas ba ta wanke kowa daidai wa daida. Drazen Erdemovic, soja a rundunar Sabiyawan Bosniya, ya amsa cewa ya harbe mutum kusan 70 a kisan gillar da aka yi wa Musulmin garin Srebrenica na Bosniya a 1995, bayan an ce masa ko ya harba ko ya shiga layin waɗanda za a harbe. A 1997 alƙalai 3 cikin 5 na kotun duniya kan tsohuwar Yugoslabiya suka ce tilas tana sassauta hukunci, ba ta goge laifin kashe marar laifi. Shekara 5 aka yanke masa.

Wanda kawai ya tsira fa, bai harbi kowa ba, me ke cin ransa? Masanin falsafa Bernard Williams ya kawo misalin direban da ya take yaro ba da sakacinsa ba: ba shi da laifi, amma da ya wuce ko a jikinsa, da mun tsorata da shi. Kuskuren masu rarrashi a nan yake. Suna maimaita "ba laifinka ba ne", alhali wanda ya tsiran ya sani. Abin da ke damunsa shi ne sunan wanda ke tsaye kusa da shi a layi, da dalilin da ya sa yatsan soja ya nuna wancan ya tsallake shi.