Sharlaman da yaƙin da mawaƙa suka ƙera masa

Ranar 15 ga Agustan shekarar 778, rundunar Sharlaman sarkin Farankawa tana komawa gida daga arewacin Sifaniya, sai aka yi wa 'yan bayanta kwanton ɓauna a mashigar Ronsebo, cikin duwatsun da suka raba Sifaniya da Faransa. Aka karkashe su, aka kwashe kaya, maharan suka ɓace cikin duhu. Einhard, bafaden da ya rubuta tarihin sarkin, bai ɓoye masu aikin ba: 'yan ƙabilar Bask ne, mazauna duwatsun. Suna da dalilinsu kuwa, domin a wannan tafiyar Sharlaman ya rushe ganuwar birnin Pamplona. Cikin manyan da suka mutu Einhard ya ambaci uku, na ƙarshensu wani Rolan, mai tsaron kan iyakar Bretani, a arewa maso yammacin Faransa ta yau. Iyakar abin da ya faɗa a kansa ke nan.

Bayan shekara ɗari uku da ɗoriya, wajen 1100, sai ga waƙa mai layi kusan 4,000 da tsohon Faransanci, Waƙar Rolan. A cikinta babu Bask ko ɗaya. An maye gurbinsu da Musulmi dubu ɗari huɗu. Rolan ya zama ɗan 'yar'uwar sarki, mai takobi Durandal da ƙahon hauren giwa da ya ƙi busawa don girman kai har sai da lokaci ya ƙure. Sharlaman, wanda shekarunsa ba su wuce talatin da 'yan kai ba a 778, ya koma dattijo mai farin gemu da ya haura shekara ɗari biyu, mala'ika na zuwa masa, rana na tsayawa don ya gama ramuwa. Mawaƙin har ya ƙaga wa Musulmi gumaka uku ya ce su suke bauta wa, abin da ko ɗan makarantar allo zai gane jahilci ne tsantsa. Kuma waƙar ta yanke hukunci cikin layi guda, cewa arna su ne a kan ɓata, Kirista kuwa a kan daidai.

Ni abin da ke ɗaure min kai shi ne yadda ainihin labarin ya fi na ƙaryar daɗi, amma ƙaryar ce ta yi tafiya. Ba yaƙin addini ne ya kai Sharlaman Sifaniya ba, gayyata ce. A 777 Sulaimanu al-Arabi, gwamnan Basalona, Musulmi, ya taka har Paderborn a Jamus ta yau, yana neman taimako a kan Abdurrahman na Farko mai mulkin Ƙurɗuba. Da Sharlaman ya isa Saragosa, mai riƙe da birnin ya ƙi buɗe ƙofa, tafiyar ta watse. Ibnul Asir ya rawaito cewa 'ya'yan Sulaimanu sun kai wa Farankawa farmaki sun ƙwato ubansu da aka yi garkuwa da shi, saboda haka wasu masana suna ganin da hannun Larabawa a lamarin. Ko da haka ne, rikicin siyasa ne, Musulmi a wannan ɓangare da wancan, ba karon Gicciye da Musulunci ba.

Sai kuma giwa. Littattafan fadar Farankawa sun rubuta cewa Sharlaman ya aika jakadu wurin Halifa Haruna Rashid a Bagadaza a 797, kuma a 802 wani Bayahude mai suna Ishaƙa ya iso Aachen, mazaunin fadar Sharlaman, da giwa kyauta daga halifa, ana kiranta Abul Abbas. Ta rayu a can har 810. A 807 aka sake kawo agogon ruwa na tagulla mai zubo ƙwallaye don sanar da sa'a. Marubutan Larabawa ba su ma ambaci wannan hulɗa ba, alamar cewa a idon Bagadaza sarkin Farankawa ba wani abin rubutawa ba ne. Wato mutumin da Turai ta yi ƙarni bakwai tana rera wa waƙar kashe Musulmi, shi ne mai kiwon giwar halifan Musulmi a gidansa. Mawaƙa ba su ga abin waƙa a nan ba.

Dalili a fili yake idan aka dubi lokacin. An tashi yaƙin Gicciye na farko a 1096, aka ci Ƙudus a 1099. Masu kira zuwa yaƙin suna buƙatar kakan da za a ce shi ya fara, Sharlaman kuwa ya riga ya yi shekara kusan ɗari uku a kabari, ba zai musa ba. Aka ce ya je Ƙudus, alhali bai taɓa taka ƙasar ba. A ƙarni na 12 aka fito da wani littafin Latin da aka jingina wa Turpin, babban limamin cocin Reims, wai shi ya ga yaƙe-yaƙen da idonsa. Jabu ne, amma aka karɓe shi a matsayin tarihi, aka yi ta kwafa, aka fassara shi har zuwa harshen Wales da na Ailan. A ƙarni na 13 aka tattara labaran da tsohon harshen Nowe da Aisilan. A Jamus kuwa birane suka riƙa kafa gunkin Rolan a tsakiyar kasuwa a matsayin alamar 'yancin gari. Na Bremen tun 1404 yake tsaye.

Za a ce to mene ne abin mamaki, ai haka kirari yake. Gaskiya ne, idan makaɗin fada ya ce wa sarki giwa ko toron giwa, babu mai tashi ya ce ƙarya yake yi, kowa ya san harshen da ake magana da shi. Amma zuga sarki daban, ƙaga masa abokin gaba daban. Zuga tana ƙarewa a kan wanda aka zuga. Ƙagen abokin gaba kuwa yana sauka a kan mutanen da ba su ji ba ba su gani ba, har jikokinsu.

Duk da haka ba zan tsaya a nan ba, domin ba a nan kaɗai gizo ke saƙar ba. Wanda ya ce wannan almara farfaganda ce kurum, bai bi sawunta har inda ta je ba. Da ta shiga hannun Italiyawa sai ta fara saki. A waƙar Ariosto ta 1516, Rolan, wanda suke kira Orlando, ba shahidi ba ne, mahaukaci ne: macen da yake so ta auri wani ƙaramin sojan Musulmi, sai hankalinsa ya gushe, har sai da abokinsa ya hau wata ya ɗebo masa hankalin a cikin kwalba. A wannan waƙar ce kuma aka ce dangin Este masu mulkin Ferrara, waɗanda ke ciyar da mawaƙin, sun fito ne daga tsatson Ruggiero, jarumin da ya tashi cikin Musulmi. A Sisili, tsibirin da Musulmi suka mulka tsakanin ƙarni na 9 da na 11, labarin ya koma wasan 'yar tsana masu sulke da talakawa ke kallo dare bayan dare, suna zagin Gano, wanda ya ci amanar Rolan a labarin, kamar da gaske. Hukumar UNESCO ta karrama wannan wasa a 2001.

Babbar tafiyar kuwa jiragen ruwan Sifaniya da Fotugal ne suka yi da ita. A farkon ƙarni na 16 aka buga wani littafi da Sifaniyanci a Sebiya kan Sharlaman da jarumansa goma sha biyu, daga baya aka mai da shi harshen Fotugis, ya bi 'yan mishan da sojoji da fatake duk inda suka sauka. A gaɓar Kerala ta Indiya, Kiristocin yankin Kochi suna da wasan Chavittu Nadakam, na buga ƙafa a kan dandamalin katako, kuma fitaccen labarinsa na sarki Karalman ne. A garin Pirenópolis na Birazil, tun 1826 mahaya goma sha biyu masu shuɗi, a matsayin Kirista, suke karawa da goma sha biyu masu ja, a matsayin Musulmi, a ƙarshe a yi wa masu jan baftisma.

A Birazil ɗin ne labarin ya juya wa masu iko baya. Tsakanin 1912 da 1916, a yankin Contestado da ke tsakanin jihohin Paraná da Santa Catarina, manoman da aka kora daga gonakinsu bayan an ba kamfanin jirgin ƙasa filaye a gefen layin dogo suka yi bore. Jagoransu José Maria yana karanta musu labarin Sharlaman, zaratan mayaƙansu kuma suka ɗauki sunan jaruman Faransa na cikin littafin. Gwamnati ta aiko sojoji da manyan bindigogi, dubbai suka mutu. Su waɗannan matalauta ba Musulmi suke gani a matsayin abokan gaba ba. Abin da suka ɗauka daga labarin shi ne akwai sarki mai adalci, kuma 'yan tsiraru masu amana suna iya tsayawa gaban taro.

Wanda ya fi tsaya min a rai yana nan kusa, a Mashigin Gini. A tsibirin São Tomé ana wasan da ake kira Tchiloli, wanda aka gina a kan rubutun Baltasar Dias, makahon mawaƙi ɗan tsibirin Madeira na ƙarni na 16. Babu yaƙi da Musulmi a cikinsa, shari'a ce. Carloto ɗan Sharlaman ya kashe Valdevinos a wurin farauta saboda yana son matarsa. Kawun mamacin, hakimin Mantua, ya shigo fada da baƙaƙen kaya yana neman hakkin jini. Ana ajiye ɗan ƙaramin akwatin gawa a tsakiyar fili, maza ne ke taka kowace rawa har ta mata, fuskokinsu a rufe, ana sarewa da ganga na sa'o'i. Mutanen tsibirin sun ƙara abin da babu a asalin rubutun: lauyoyi masu jaka, ministan shari'a, keken rubutu, wayar tarho, doguwar muhawara irin ta kotun zamani. A ƙarshe wata wasiƙa ta tona asirin yarima, sarki ya yanke wa ɗan cikinsa hukuncin kisa.

A tuna su wane ne masu wasan. Jikokin bayin da aka kawo noman rake ne, a ƙasar da aka daɗe ana aikin tilas a gonakin koko, inda a 1953 gwamnatin mulkin mallaka ta yi kisan kiyashin Batepá, kuma ba a sami 'yanci ba sai 1975. Mutanen da ba su da kotun da za su kai Bature ƙara, sai suka ɗauki sarkin sarakunan Turawa suka zaunar da shi a tsakar gari, suka tilasta masa ya hukunta ɗansa, shekara bayan shekara. A ganina wannan ya fi duk abin da Faransa ta yi da Sharlaman ma'ana.

Sai dai kada daɗin wannan ya rufe mana ido. A Filifin, wadda Sifaniya ta mulka daga 1565 zuwa 1898, irin waɗannan labarai sun shiga wasan da ake kira moro-moro, inda kullum Musulmi ke shan kashi ko ya bar addininsa. A Birazil mai jan kaya maƙwabcinka ne da zai tuɓe kayan da yamma ku ci abinci tare. A Filifin kuwa akwai Musulmi na gaske a Mindanao da Sulu, ana yaƙarsu da gaske, kuma wasan yana koya wa yaran arewa yadda za su kalle su. Labari ɗaya ne, amma a nan ya zama biki, a can ya zama wuƙa. Abin da ya bambanta su shi ne ko akwai mai rai da ake nunawa da yatsa idan an tashi daga wasan.

Masu mulki kuwa ba su taɓa sakin gawar ba. Sarki Otto na Uku na Jamus ya buɗe kabarin Sharlaman a shekarar 1000. A 1165 Sarki Frederick Barbarossa ya sa wani paparoman da shi ya ɗaure wa gindi ya ayyana Sharlaman waliyyi. Napoleon ya ziyarci Aachen a 1804, 'yan watanni kafin ya ɗora wa kansa kambi. 'Yan Nazi sun sa wa rundunar Faransawan da suka yi musu yaƙi sunansa. Tun 1950 birnin Aachen yake ba da lambar yabo ta Sharlaman ga masu hidimar haɗin kan Turai, Angela Merkel ta karɓa a 2008, Emmanuel Macron a 2018.

Wannan na ƙarshen ma almara ce, an dai ɗinka mata kwat. Gaskiya ne Sharlaman, wanda Paparoma Leo na Uku ya naɗa sarkin sarakuna a Rum ranar 25 ga Disambar 800, ya haɗa yawancin yammacin Turai, ya tara malamai, ya sa aka kwafi littattafan da ba don shi ba da sun salwanta, ko da yake Einhard ya ce sarkin shi kansa ya fara koyon rubutu a makare, bai iya ba har ya rasu a 814. Amma haɗin kan nan da takobi aka yi shi. Ya shafe shekara sama da talatin yana yaƙar Saksonawa, ya kafa dokar kisa ga wanda ya ƙi baftisma, kuma littattafan fadarsa da kansu suka rubuta cewa a Verden, a 782, an kashe Saksonawa 4,500 bisa umarninsa. Waɗannan Turawa ne, kakannin Jamusawan da ke shirya bikin lambar yabon. Mawaƙan ƙarni na 12 sun ƙara masa gawawwakin Musulmin da bai kashe ba, masu jawabin Aachen na yau kuma sun fi son a yi maganar makarantu da littattafai a bar ta Verden.