Ba dokar 2018 ce ta haifi finafinan nan ba

Wani marubuci ya ce a labarinsa gajerun finafinan ƙasar Lituweniya masu yi wa shaye-shaye shaguɓe da hotuna irin na mafarki dokar taƙaita barasa ta 2018 ce ta haife su. Ban yarda ba. Dokar ta hana tallar giya, ta mai da shekarun saye 20, ta tsayar da sayarwa a kantuna ƙarfe 8 na dare, ranar Lahadi kuma ƙarfe 3 na rana, amma tun 1858 Bishop Valančius, babban limamin cocin Katolika, ya fara yaƙi da barasa a ƙasar. Ku kuma masu cewa abin dariya ne kawai, ku duba aikin. Inda fim yake lalacewa shi ne a karkatar da kyamara, ɗan wasa ya yi ta tangaɗi: nan take mashayi ya zama abin nishaɗi. Gwanaye sukan kafe kyamara wuri ɗaya, su bar ɗakin da sautin su rikice, iyali na cin abinci kamar ba komai. Gane-gane mai tsanani ma ba lokacin maye yake zuwa ba, sai kwana biyu zuwa uku bayan an daina sha, kuma yana iya kisa. Me ya hana labarin marubucin faɗin wannan?